Korar Da Ta Zo A Makare

A farkon watan Oktoban 2016 ƙungiyar masu shirya finafinai, wato MOPPAN, ta ba da sanarwar korar Rahama Sadau daga Kannywood. Laifinta shi ne fitowa a bidiyon waƙar "I Love You" ta ClassiQ, mawaƙin nan na Jos, inda aka ga sun riƙe hannu har da runguma. A ofisoshinmu na titin Zoo Road a Kano, kusan kowa ya ɗauka shi ke nan, tata ta ƙare. Ba mugunta ce ta sa muka yi wannan zato ba. Mun sha ganin yadda kora take yi wa mace a wannan sana'a.

Sai mutum ya san yadda ake sayar da fim a da kafin ya gane nauyin kora. Tun daga Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a 1990, har zuwa zamanin Sangaya da Wasila, hanya ɗaya ce fim yake bi ya isa gidajen mutane: hannun 'yan kasuwa na Bata da Ƙofar Wambai. Furodusa zai kai musu kaset na asali da kwalayen da ya buga, su sayi kwali, su kwafi fim ɗin da kansu, su tura Kaduna, Sakkwato, Maraɗi, Damagaram. Fuskar da ke jikin kwali ita ake saye. In 'yan kasuwa suka ce ba za su karɓi kwalin da ke ɗauke da fuskar wance ba, babu furodusan da zai zuba kuɗinsa a kanta, ko da ƙanwarsa ce.

Da aka ƙaddamar da Shari'a a Kano a 2000 aka dakatar da shirya fim na ɗan lokaci, sannan aka kafa Hukumar Tace Finafinai a 2001. Daga nan ƙa'idar hana taɓa jiki tsakanin namiji da mace ta kafu. Mun koyi ɗaukar soyayya da kallo da rausaya da rawa nesa-nesa, har ya zama salonmu. Shekarar 2007 ce ta fi kowace zafi. Bidiyon sirri na wata jaruma ya fita ta wayoyi, ba ma fim ba ne, amma masana'antar gaba ɗaya ta ɗauki hukuncin. Gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban hukumar tacewa, aka tsayar da aiki na watanni, aka ɗaure Adam Zango, daga baya Ibro da Hamisu Iyan-Tama. Da yawa suka kwashe kayan aiki suka koma Kaduna. Mazan nan duk sun dawo bakin aikinsu. Ita kuwa jarumar ba ta sake tsayawa gaban kyamara a matsayin da take da shi ba. A wancan zamani mace ɗaya daga cikin biyu take yi in ta shiga matsala: ta yi aure ta ɓace, ko ta ɓace ba auren.

Rahama haifaffiyar Kaduna ce, a 1993. Ta shigo a 2013 ta hannun Ali Nuhu, kuma Gani Ga Wane na cikin finafinan da suka fara fito da ita. Ta iya rawa, tana jin Turanci da Indiyanci, kuma ba ta da tsoron kyamara. Lokacin da bidiyon waƙar ClassiQ ya fita, ana cikin zafin wata rigimar: a watan Yulin 2016 malamai suka taso, har gwamnatin tarayya ta janye shirin gina ƙauyen fim a Kofa ta jihar Kano. Shugabannin masana'anta suna neman abin da za su nuna wa jama'a cewa suna iya tsawata wa nasu. Shi ClassiQ ba ɗan ƙungiya ba ne, babu abin da za a iya yi masa. Hukuncin sai ya sauka a kanta ita kaɗai.

Abin da muka kasa lissafawa shi ne, an rufe mata ƙofa a gidan da katangarsa ta riga ta zube. Kasuwar faifai tana mutuwa a lokacin. Masu tura finafinai a waya sun cika bakin titi, da 'yan kuɗi kaɗan za a loda maka fim biyar, furodusa bai ga ko kwabo ba. Tashar Arewa24 ta buɗe a 2014, Daɗin Kowa ya janye mutane zuwa shiri mai dogon zango. 'Yan kasuwar da a da kalmarsu take yanke hukunci, su ma suna neman abin da za su riƙe. A can Legas kuma, masu kuɗin sinima da talabijin suna neman fuskar Arewa wadda za ta iya taka rawa a fim da Turanci. A cikin watan da aka kore ta aka fara nuna Sons of the Caliphate a tashar EbonyLife, inda ta fito a matsayin Binta Kutigi. Aikin an riga an ɗauke shi kafin rigimar, amma korar ce ta yi masa talla. Jaridun ƙasashen waje suka ɗauki labarin, mawaƙi Akon da darakta Jeta Amata suka gayyace ta Amurka.

Ni dai abin da ya fi burge ni ba tafiyar Amurkan ba ce. A 2017, tana cikin kora, ta shirya Rariya da kamfaninta Sadau Pictures, Yaseen Auwal ya ba da umarni, Ali Nuhu da Sadiq Sani Sadiq da Fati Washa suka fito. Wadda aka ce kada a ɗauka aiki, ga ta tana ɗaukar mutane aiki, tana biyan mai kyamara da mai fitila da mai kwalliya. Duk wanda ya taɓa zaman jiran sallama a lokeshan ya san cewa magana tana canjawa a kan mai biyan kuɗi. Ta kuma bi al'ada, ta nemi afuwa, aka janye hukuncin a farkon 2018. Ta iya ba da haƙuri ba tare da ta ajiye aikin da ke hannunta ba, kuma wannan wayo ne da ba kowa yake da shi ba.

Daga nan sai ayyuka suka jeru: MTV Shuga, sai Up North na Tope Oshin wanda aka ɗauka a Bauchi aka fitar a ƙarshen 2018, sai Mati a Zazzau da ta shirya da Hausa. Ta kuma kammala digiri a jami'ar Eastern Mediterranean da ke Arewacin Cyprus. A Nuwamban 2020 wata guguwar ta taso a kan hotunan da ta saka sanye da doguwar riga mai buɗaɗɗen baya, bayan wani ya rubuta kalaman ɓatanci ga addini a ƙarƙashinsu. Wannan ta fi ta farko haɗari, domin ta wuce maganar ƙungiya. Ta cire hotunan, ta nesanta kanta da kalaman, ta nemi yafiya tana hawaye. Abokan sana'a da dama suka juya mata baya a fili. Duk da haka a 2022 ta fito a Chief Daddy 2 a Netflix, sannan a fim ɗin Indiya Khuda Haafiz na biyu tare da Vidyut Jammwal. Ga masana'antar da ta yi shekara talatin ana mata gorin kwaikwayon Indiya, wannan abin dariya ne mai daɗi.

Ban yarda da masu cewa ta buɗe wa sauran mata hanya ba. Hanyar da ta bi tana buƙatar Turanci, da sanayya a Legas, da dangin da za su tsaya maka, kuma yawancin 'yan matan da ke zuwa neman aikin fim a Kano ba su da ko ɗaya. Su abin da ya sassauta musu shi ne YouTube, inda Izzar So da ire-irensa suka nuna tun 2020 cewa ana iya samun masu kallo ba tare da an bi ta hannun ɗan kasuwa ba. Hukumar tacewa ma ta gane inda kasuwar ta koma. A watan Mayun 2025, ƙarƙashin Abba El-Mustapha, wanda shi ma jarumi ne, ta dakatar da shirye-shirye 22 masu dogon zango, har da Labarina da Daɗin Kowa, ta ce sai an kawo mata su ta duba kafin a ci gaba da sakinsu.