Tarihin Koyar da Kimiyyar Zamantakewa a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya

Kimiyyar zamantakewa ita ce rukunin fannonin ilimi da ke nazarin yadda mutane ke zaune tare, da yadda suke mulki, da neman abinci, da rabon arziki. A Arewacin Najeriya babu inda wannan ilimi ya yi jijiya kamar Jami'ar Ahmadu Bello, wadda aka buɗe ranar 4 ga Oktoba, 1962. Tarihinsa a can ya faro ne daga horar da ma'aikatan hukuma, ya kai ga yi wa hukumar kanta tambayoyi masu nauyi.

Tushe a Kongo

Tun kafin a haifi jami'ar, gwamnatin mulkin mallaka ta buɗe makarantar horar da akawu a Kongo, cikin Zariya, a 1947. A 1954 aka ɗaga darajarta ta zama Cibiyar Nazarin Harkokin Mulki. Aikinta shi ne shirya ma'aikatan gwamnati da na En'e, da masu riƙe baitulmali, da ma'aikatan kotuna, domin su gaji kujerun da Turawa za su bari. Da aka kafa jami'ar sai aka shigar da cibiyar cikinta, yayin da babbar harabar ta zauna a Samaru. Manufar farko ke nan: a samar da wanda ya iya riƙon ofis da lissafin kuɗin jama'a.

Daga aji zuwa ƙauye

A zamanin Farfesa Ishaya Audu, ɗan ƙasa na farko da ya shugabanci jami'ar daga 1966 zuwa 1975, fannonin kimiyyar siyasa da tattalin arziki da nazarin halayyar al'umma suka bunƙasa, aka haɗa su da tarihi da harsuna a tsangaya guda. A sashen tarihi, Farfesa Abdullahi Smith ya dage a kan cewa a rubuta tarihin ƙasar nan daga rubuce-rubucen malamanta da bakin dattawanta, ba daga rahoton Razdan kaɗai ba. Shi ne ya kafa Gidan Arewa a Kaduna a 1970.

A ɓangaren tattalin arzikin karkara kuwa, masu bincike na Cibiyar Nazarin Aikin Gona ta Samaru, ƙarƙashin David Norman, sun bi diddigin rayuwar manoma a ƙauyukan Hanwa da Doka da Ɗan Mahawayi. Sun gano cewa haɗa gero da dawa da wake a gona ɗaya, wanda jami'an gona suka daɗe suna ɗauka a matsayin ci baya, dabara ce ta rage asara da cin moriyar ƙarancin ma'aikata. Wato manomi ya san abin da yake yi. Masani ne ke buƙatar ya saurara.

Zamanin muhawara

Daga shekarun 1970 tsangayar ta yi suna wajen zazzafar muhawara. Fitacce a ciki shi ne Dokta Yusufu Bala Usman, masanin tarihi ɗan Musawa. Yana cikin kwamitin tsara kundin mulki da aka kafa a 1975, inda shi da Dokta Segun Osoba suka ƙi amincewa da daftarin masu rinjaye, suka rubuta nasu. Ya riƙe muƙamin sakataren gwamnatin Jihar Kaduna a mulkin Balarabe Musa na jam'iyyar PRP, kuma a 1987 ya wallafa littafi a kan yadda masu faɗa a ji ke amfani da addini wajen raba kan talakawa. Ya rasu a 2005.

Farashin da aka biya

Wannan ɗabi'a ba ta yi wa gwamnatocin soja daɗi ba. A 1978, lokacin zanga-zangar ƙin ƙarin kuɗin abinci da masauki, an kashe ɗalibai a Samaru. Ranar 23 ga Mayu, 1986, 'yan sanda suka buɗe wuta a harabar. Kwamitin bincike na Janar Emmanuel Abisoye ya zargi wasu malamai da koyar da abin da ba shi aka ɗauke su koyarwa ba. A 1988 gwamnatin Janar Babangida ta kori Dokta Patrick Wilmot, ɗan Jamaika mai koyar da halayyar al'umma, daga ƙasar baki ɗaya. Tsuke bakin aljihun da ya biyo bayan shirin SAP na 1986 ya karya darajar albashi, malamai da dama suka bar aikin ko suka tsallaka ƙetare.

Abin da ya rage

Daga baya an raba tsangayar, kimiyyar zamantakewa ta tsaya da ƙafarta. Ɗalibanta sun cika ma'aikatu da bankuna da gidajen jarida; cikinsu har da Sanusi Lamido Sanusi, wanda ya kammala digirin tattalin arziki a 1981, ya kuma zama gwamnan Babban Bankin Najeriya. Garin Samaru ma da jami'ar ya girma, domin kasuwarsa da gidajen hayarsa da masu sana'arsa sun dogara ga ɗalibai, shi ya sa duk yajin aikin malamai a aljihun ɗan kasuwa yake fara bayyana. Saɓanin da ya fito fili bayan rikicin 1986 kuwa bai kau ba: gwamnati na son jami'a ta ba ta ma'aikata, malamai na ganin haƙƙinsu ne su bincika yadda ake mulkin jama'a.