Hugh Clapperton (1788–1827)

Hugh Clapperton hafsan sojan ruwan Birtaniya ne, ɗan garin Annan a Sikotlan, wanda ya zo ƙasar Hausa sau biyu a zamanin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, ya kuma rasu a Sakkwato. A ƙasar Hausa an san shi da sunan da ya ɗauka a tafiya, Abdullahi.

An haife shi ranar 18 ga Mayu 1788. Yana da shekara 13 ya fara aiki a jirgin ruwan 'yan kasuwa, daga baya ya shiga sojan ruwa. Da shi aka ƙwace tsibirin Morishus daga hannun Faransa a 1810, ya yi aiki a manyan tafkunan Kanada inda ya zama laftanar, aka mayar da shi gida kan rabin albashi a 1817.

A 1822 ya taso daga Tarabulus tare da Dixon Denham da likita Walter Oudney, suka ƙetare Sahara don binciken inda Kwara ta nufa. Sun isa Kukawa wurin Shehu Laminu na Barno a Fabrairun 1823. Oudney ya rasu kusa da Katagum, Clapperton ya shiga Kano a Janairun 1824, Ibrahim Dabo na sarauta. Ya ƙiyasta mutanen birnin tsakanin 30,000 da 40,000. Kasuwa ce ta fi ɗaukar hankalinsa. A cikinta ya sayi koriyar lema ƙirar Ingila, ya kuma rubuta cewa in mutum ya sayi riga ya tafi da ita wani gari, ya tarar da aibu, ana dawo da ita dillali ya nemo mai kaya a biya. Duk mai son sanin yadda amanar ciniki take a Kano shekaru ɗari biyu da suka wuce, wannan shaida ce ta ganau.

A Maris ya isa Sakkwato, Waziri Giɗaɗo ya sauke shi. Bello ya karɓe shi karɓar malami: ya yi masa tambayoyi kan ɗarikun Kirista na dā har baƙon ya rasa amsa, ya ba shi taswirar ƙasarsa da wasiƙa zuwa ga Sarki George na Huɗu. Amma bai bar shi ya gangara Yawuri ba.

Da ya koma gida a 1825 aka ɗaga shi zuwa kwamanda, muƙami mafi girma da ya riƙe. Bai huta ba ya sake fitowa, wannan karon ta Badagiri, da baransa Richard Lander. Ya ratsa ƙasar Yarbawa, ya haye Kwara kusa da Busa, ya shigo Zariya a Yulin 1826. Daga nan ya kama tsohuwar hanyar fatake da ta ratsa yankin da yau ake kira Kudan da Maƙarfi da Ikara, ta faɗa Bebeji, ta shiga Kano.

Ya tarar al'amura sun juya, Sakkwato da Barno na yaƙi. Da Clapperton ya isa wurinsa, Bello ya yi murna da littattafan Larabci da ya kawo masa, musamman na lissafin Iƙlidisu, amma ya karɓe wasiƙa da makaman da aka nufi Shehu Laminu da su. Clapperton ya ɗauki wannan cin amana. Da wuya a ga laifin Bello: ba sarkin da zai bar bindiga ta bi ta ƙofarsa zuwa hannun abokin gaba, balle labarin yadda Ingilishi suka ci Indiya ya riga ya iso fadar.

Ciwon atini ya kwantar da Clapperton, ya rasu ranar 13 ga Afrilu 1827. Lander ya binne shi a wani ƙauye a bayan garin Sakkwato, ya kai takardunsa Landan, aka buga su a 1829. Shi ne kuma, tare da ƙanensa John, ya bi Kwara har bakin teku a 1830.