I'izari Kafin Sallama: Haƙƙin Ma'aikacin Ƙungiyar Gama-kai a Ƙasar Maraɗi

Tun daga 1962, lokacin da gwamnatin Nijar ta kafa hukumar UNCC don sha'anin bashi da gama-kai, har zuwa taron Damagaram na 1982 da ya ba da shawarar a miƙa wa manoma ragamar ƙungiyoyinsu, muhawara ba ta gushe ba a kan wanda ya cancanci riƙon dukiyar jama'a, amma ƙalilan ne suka waiwayi halin mutumin da jama'ar ta ɗauka aiki. A Jiratawa, kudu da Maraɗi, inda ake noman rani a filin da ya kai kimanin hekta 500 da ruwan rijiyoyin burtsatse, ƙungiya ba ta rasa mai riƙon makullin sito, da mai tada famfo, da mai rubuta kuɗin ruwa, kuma su ne farkon waɗanda zargi ke faɗa wa idan lissafi ya ƙi daidaita.

Ga yadda lamarin yakan kasance. An ƙirga buhunan taki an ga giɓi, shugabanni suka kwana suna shawara, da safe aka tara jama'a, aka ce da mai sito: "Malam, kawo makulli." Shi kuwa, da yake cikin masu tuhumarsa akwai surukinsa da dattijon da ya yi masa walicci, kunya ta ɗaure masa harshe, sai a ɗauki shirunsa a matsayin iƙirari. A nan ne, a ganina, ma'aikacin ƙungiya ya fi na kamfani shiga hatsari, domin mai ƙara da mai shaida da alƙali duk taro ɗaya ne, kuma yawan hannuwan da aka ɗaga yakan sa mutane su zaci an yi adalci, alhali ba a tabbatar da kome ba face rinjaye.

Fikihun Malikiyya, wanda malaman Maraɗi da na Tibiri suka tashi a kansa, bai yi sakaci da wannan babi ba. Alƙali ba ya zartar da hukunci sai ya yi i'izari, wato ya tambayi wanda hukuncin zai hau kansa ko yana da sauran hujja, ya kuma ba shi ajali in ya nema; Ibn Asim ya yi bayanin haka a cikin littafinsa Tuhfa. An ruwaito kuma cewa da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya aiki Sayyidina Aliyu Yaman, ya hore shi kada ya yanke wa mai magana na farko hukunci sai ya ji ta bakin na biyu.

Dokar zamani ma a nan ta tsaya. Nijar ta amince da yarjejeniya ta 158 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya a 1985, kundin aiki na 2012 kuma ya wajabta wa mai ɗaukar aiki ya bai wa ma'aikaci damar kare kansa kafin a sallame shi saboda halinsa. Ƙungiyar gama-kai ba ta fita daga wannan hukunci don kasancewarta ta talakawa.

Masu suka za su ce ai ƙofar sufeton aiki a Maraɗi a buɗe take, ga kotu, ga sulhun fadar Sarkin Katsinan Maraɗi ko ta Sarkin Gobir na Tibiri. Haka ne, sai dai duk waɗannan bayan sallama suke zuwa, lokacin da sunan ɓarawo ya riga ya zaga kasuwa, kuma kuɗin diyya, in ma an samu, ba ya mayar wa magidanci mutuncinsa a sahun masallaci. Wanda ba a rubuta masa takardar ɗaukar aiki ba kuwa, da wuya ma ya yi ƙarfin halin zuwa.

Saboda haka abin da ya wajaba kowace ƙungiya ta sanya a dokarta ta cikin gida shi ne a faɗa wa mutum tuhumar dalla-dalla, a karanta masa littafin sito da Hausa in da Faransanci aka rubuta shi, a ba shi kwanaki ya kawo shaidunsa, a yarda wani ya tsaya masa inda kunya ta hana shi magana, sa'annan shugaban da ya kawo ƙarar ya tashi daga majalisar har a gama sauraro.