Kiɗan Samaniya da Dutsen Ƙanƙara: Tarihin Wani Tsohon Tunani

A cikin ƙagaggun labaran duniyoyin al'ajabi da Turawa ke rubutawa, mukan ci karo da wani dutse mai sheƙi wanda ke amsa kiɗa, in an busa masa sautin da ya dace sai ya yi haske ko ya buɗe ƙofa. Mai karatu zai zaci jiya aka ƙago wannan tunani, alhali ya haura shekara 2,500.

Asalinsa daga ƙasar Girka ne. Almajiran Fisagoras, wanda ya rayu a ƙarni na 6 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), sun lura cewa in aka danne tsirkiya a tsakiyarta, muryar da za ta bayar ita ce ta farko, sai dai ta fi ta siranta. In kuma aka kaɗa kashi 2 cikin 3 na tsawonta, ko 3 cikin 4, sai a sami muryoyi masu daɗin haɗuwa da ta farkon. Daga nan suka ce ashe daɗin kiɗa lissafi ne, kuma tun da taurari ma bisa lissafi suke tafiya, lalle su ma suna da kiɗa. Me ya sa ba mu jinsa? Suka ce ai tun a zanen goyo yake cikin kunnenmu, don haka muka saba da shi.

Aristotal ya ƙi yarda da kiɗan, amma ya koyar da cewa taurari na manne ne a jikin wasu ƙwallaye garai-garai, wani cikin wani, suna juyawa, Ƙasa tana tsakiya. Na bayansa suka riƙa kwatanta ƙwallayen da dutsen da Girkawa ke kira kiristalos, wato ƙanƙara, don sun zaci ruwa ne ya daskare har abada. Abin sha'awa, mu ma kalma ɗaya muke kiran ƙanƙarar ruwa da ƙanƙarar ƙyastu da ita, kuma dutsen ƙyastun dangin wancan dutse ne.

Da ilmin Girkawa ya shiga Larabci, sai malaman Musulunci suka rabu biyu. Alkindi na Bagadaza ya danganta tsirkiyoyi 4 na udu da wuta da iska da ruwa da ƙasa. Ikhwanus Safa na Basra, a ƙarni na 10, sun rubuta a risalarsu ta kiɗa cewa falakai na da amo mai daɗi wanda kiɗan duniya ke kwaikwayo. Alfarabi da Ibn Sina kuwa ba su karɓi wannan magana ba.

Abin da ya fasa ƙwallayen shi ne tauraruwa mai wutsiya ta 1577. Taiko Birahe, mutumin Danmak, ya auna ta, ya ga tana can gaba da wata, tana ratsa wuraren da aka ce daskararru ne. To, ina ƙwallayen? Yohanas Kepla, wanda ya gaji awon Taiko, ya yar da su amma ya riƙe kiɗan. A littafinsa na 1619 ya auna saurin kowace duniya a lokacin da ta fi kusa da rana da lokacin da ta fi nisa, ya mai da bambancin muryoyin waƙa, ya ce hankali ne ke jin su, ba kunne ba. A cikin wannan littafi ne ya kawo ƙa'idarsa ta 3, wadda ta haɗa nisan duniya daga rana da tsawon shekararta, kuma har yau ana koyar da ita. Garin neman kiɗa ya tsinci gaskiya.

Bugu da ƙari, a 1880 wasu 'yan'uwa biyu Faransawa, Jak da Piyer Kuri, suka gano cewa in aka matse dutsen kwatsa yana fid da lantarki, bayan shekara guda kuma suka tabbatar cewa in aka sa masa lantarki yana motsi. An yi agogon farko da shi a Amurka a 1927, kamfanin Seiko na Japan ya fito da na hannu a 1969. Ɗan dutsen da ke cikin irin wannan agogo a yau yana kaɗawa sau 32,768 a daƙiƙa guda. Lokaci yake ƙirgawa kurum, ba ya warkar da cuta kamar yadda masu sayar da duwatsun waraka ke faɗa.

Da kimiyya ta ɗauki rabonta, sauran sai ya koma hannun masu ƙirƙira. A fim ɗin The Dark Crystal na 1982, jarumin ya gane ɓallin dutse na gaskiya cikin na jabu ta hanyar busa sarewa. A littafin Rhythm of War na Brandon Sanderson, na 2020, duwatsun duniyar Roshar suna adana hasken guguwa, su ne kuɗi su ne fitila, kuma sarauniya Nabani ta yi ta gwaji da sauti har ta gane yadda ake sarrafa hasken. Amma hasken yana ƙarewa, sai wata guguwar ta zo.

A nan darasinmu yake, 'yan'uwa marubuta. Sau da yawa a labaranmu na jarumtaka mukan ba jarumi zobe ko laya mai yin komai, da an ƙure shi sai ya murza, shi ke nan. Mai karatu ba zai ji tsoro dominsa ba, tun da ya san babu abin da zai same shi. Wannan tsohon tunani ya daɗe ne saboda yana da ƙa'ida da iyaka, har aka iya auna shi aka ga inda ya karye. Kafin mu miƙa wa jarumi dutsen tsafi, mu tambayi kanmu: me ke ta da shi, me ke kashe shi, kuma me mai shi zai rasa in ya yi amfani da shi? Allah ya ƙara wa alƙalumanmu kaifi, amin.