Kazanka Comfort, matar da ta kai kwamfuta Bayan Loko

Jama'ar Fadan Kagoma da na Kafanchan, da duk 'yan ƙasar Jama'a na gida da na waje, ku ɗan ba ni hankalinku.

In ana ba da tarihin kwamfuta a Najeriya, daga Legas ake farawa, a bi ta Ibadan da Ile-Ife, a ƙare a Abuja. In an tuna da mata, sai a ambaci Farfesa Adenike Osofisan, wadda ta yi digirin digirgir a kimiyyar kwamfuta a 1989, kuma ta cancanci a ambace ta. Amma mu nan kudancin Kaduna muna da tamu, kuma 'ya'yanmu da yawa ba su taɓa jin sunanta ba: Kazanka Comfort, wadda ta riƙe muƙamin babbar sakatariyar Gidauniyar Fantsuam.

An kafa gidauniyar a 1996, Kazanka da John Dada na cikin jagororinta, mazauninta kuma unguwar Bayan Loko ce a Kafanchan, garin da jirgin ƙasa ya raya tun 1927 sannan ya bar shi da tsofaffin taragu. Da bashi suka fara, ƙaramin rance ga matan karkara masu noma da ƙananan sana'o'i, irin wanda mata kan haɗu ƙungiya-ƙungiya su tsaya wa juna. Kwamfuta daga baya ta shigo, kuma wannan jerin shi ne abin da ya fi burge ni a tarihinta. Matar da ta karɓi rance tana bukatar sanin farashin kasuwa, tana bukatar lissafin da ba za a cuce ta ba, tana so ta aika saƙo ga ɗanta da ke Legas ba tare da ta jira direban mota ba. Daga waɗannan bukatu aka gina cibiyar koyo ta Bayan Loko.

Ku tuna yadda ƙasar take a lokacin. Layukan NITEL a duk Najeriya ba su kai rabin miliyan ba, wayar salula ta GSM kuwa sai a watan Agustan 2001 ta fara aiki, ita ma a manyan birane. A wannan shekarar ce ƙungiyar APC, mai haɗa masu fafutukar sadarwa a duniya, ta ba da kyautar Hafkin karo na farko. An sa wa kyautar sunan Nancy Hafkin, Ba'amurkiyar da ta shafe shekaru a Addis Ababa tana aikin shigo da sadarwar kwamfuta Afirka a ƙarƙashin Majalisar Ɗinkin Duniya. Duk faɗin nahiyar nan, cibiyar Bayan Loko da Kazanka Comfort ke jagoranta ce ta ci.

Kyauta daɗin ji gare ta, amma aikin kansa wahala ce tsagwaronta. Kwamfutocin da ake samu na hannu ne, waɗanda Turawa suka gama da su, an ƙera su don ofis mai sanyi da wutar da ba ta ƙiftawa. A nan kuwa ƙurar hunturu ta toshe fanka, zafin bazara ya dafa kayan ciki, NEPA ta ɗauke wuta ta dawo da ita da ƙarfin da zai ƙona abin da ya rage. Duk wanda ya taɓa riƙe shagon kwamfuta a Kafanchan ya san wannan karatun. Shi ya sa gidauniyar ta shiga gwajin wata kwamfuta mai suna Solo tare da wani kamfanin Ingila, wadda ba ta cin wuta sosai, tana iya aiki da hasken rana, kuma ba ta da sassa masu juyawa da ƙura za ta kashe. Ba ta cika kasuwa ba. Amma tambayar da suka yi daidai ce: me ya sa kullum mu ne za mu lanƙwasa wa na'ura?

Sai kuma ZittNet, hanyar intanet marar waya da suka kafa da tallafin hukumar IDRC ta Kanada. A lokacin ana janyo intanet ta tauraron ɗan'adam, a raba shi ta hasumiya zuwa makarantu da asibitoci da ofisoshin da ke kewaye. A 2008 guguwa ta kayar da hasumiyar. Suka sake ta da wata.

Abin da ya sa nake sa Kazanka a sahun masana, ban bar ta a sahun masu taimako kawai ba, shi ne bincike. A littafin African Women and ICTs da ya fito a 2009, ita da John Dada sun rubuta babi kan yadda matan karkara a arewacin Najeriya ke amfani da wayar salula. Lokacin da kowa ke yi wa waya kirari, su sun je sun zauna da matan, suka tambaye su abin da wayar ke yi musu da abin da take ci a aljihunsu. Masu nazarin fasaha da al'umma a jami'o'in waje suna karanta wannan babi, alhali labarin iyayenmu mata ne a ciki.

Yau yarinya a Fadan Kagoma tana cika takardar JAMB ta intanet, tana rubuta jarrabawar a kan kwamfuta, uwarta tana karɓar kuɗin citta ta POS. Malaman makarantunmu, musamman masu koyar da darasin kwamfuta, in kun gama ba da labarin Ada Lovelace da Charles Babbage, don Allah ku ƙara minti biyar ku gaya wa ɗalibai abin da aka yi a Bayan Loko, ku kuma rubuta musu sunan Kazanka Comfort a allo.