Janye Ƙara a Kan Gurɓata Muhalli: Darasin Abijan

Tun fil azal Bahaushe ya ɗauki sulhu abin yabo. Idan shanu suka yi wa manomin Kafur ɓarna, aka sasanta gaban dagaci, yana da ikon ya yafe, domin gonar tasa ce. Amma rafin da gari duka ke sha ba na mutum guda ba ne. Saboda haka tambaya ita ce: idan aka zuba masa guba, wa ke da ikon yafewa? Tarihin Afirka ta Yamma ya ba da amsa mai ɗaci.

A cikin watan Agusta na 2006 wani jirgin ruwa mai suna Probo Koala, wanda kamfanin Trafigura ya yi haya, ya sauke dagwalon man fetur a Abijan, ƙasar Kwaddibuwa. Wani ɗan kwangila ya kwashe shi a tankoki, ya zubar a wurare dabam-dabam cikin birnin. Mutum fiye da 100,000 suka nemi magani, hukuma kuma ta ba da lissafin mutuwar aƙalla 15.

Gwamnatin Laurent Gbagbo ta tsare manyan kamfanin. Amma a Fabrairun 2007 sai ta karɓi kusan dala miliyan 200, ta sake su, bisa sharaɗin ba za ta bi kamfanin da shari'a ba. Har ila yau, a 2009, mutum kamar 30,000 da suka kai ƙara Landan suka karɓi fam miliyan 30, watau kimanin fam 1,000 kowanne. Ko a wanne sulhu, kamfanin bai amsa laifi ba, kuma dubban mutane ba su ga rabonsu ba. Kotun da ta yanke wa kamfanin hukunci ta Holan ce, a 2010, ita ma tarar yuro miliyan 1 ta ci kamfanin saboda fitar da dagwalon daga ƙasarta, ba don abin da ya auku a Abijan ba.

Kano ma ta san irin wannan, ko da yake a kan magani ne: a 2009 gwamnatin jiha ta janye ƙarar da ta kai Pfizer kan gwajin 1996, aka daidaita a dala miliyan 75.

Ba za a zargi majinyacin da ya zaɓi kuɗin yau a kan hukuncin baɗi ba. Sai dai janye ƙara na rufe shaida, ya hana alƙali kafa hukuncin da na baya za su dogara da shi. A 2018 Kotun Ƙolin Nijeriya ta yarda ƙungiyoyi su shigar da ƙarar gurɓata muhalli a madadin jama'a. Wanda ya shiga kotu da sunan jama'a wakili ne, wakili kuwa ba ya yafe amanar da aka ba shi sai da sanin masu ita.