Masu Tono Tsofaffin Finafinai Da Tarihin Fagge Da Sabon Gari

Sau da yawa idan muna kallon fim ɗin tarihi, mukan ga an saka ɗan guntun hoto baƙi da fari na dalar gyaɗa, ko na jirgin ƙasa yana shigowa Kano. Sai mu yaba wa mai shirya fim ɗin, alhali kuwa akwai wanda ya share watanni yana neman wannan guntu. Shi ne mai binciken tsofaffin finafinai. Aikinsa ya gano inda fim yake, ya tabbatar da wuri da shekarar da aka ɗauke shi, sannan ya nemi izinin masu mallakarsa.

Mu mutanen Fagge da Sabon Gari mun daɗe da sanin fim. A 1937 aka buɗe silimar Rex, ta farko a Kano. A 1939 Turawan mulkin mallaka suka kafa Colonial Film Unit ƙarƙashin William Sellers, tsohon jami'in kiwon lafiya a Nijeriya, don shirya finafinan wayar da kai irin waɗanda motar majigi ke yawo da su. Amma fa kyamara a hannunsu take. Abin da ya burge su shi suka fi ɗauka: hawan daba, ganuwa, da ziyarar Sarauniyar Ingila ta 1956. Da yawa daga waɗannan hotuna suna taskokin Ingila. Kamfanin British Pathé kaɗai ya zuba guntaye kimanin 85,000 na sassan duniya a YouTube a 2014.

Shi kansa zaren fim ba ya jiran kowa. Irin na dā mai sinadarin naitaret yana kama wuta kamar fetur. Shi ne ya kama a ɗakin injin silimar El-Duniya ranar 13 ga Mayu, 1951, mutum 331 suka rasu. Wanda ya gaje shi kuma, idan zafi da laima suka same shi, sai ya fara warin tsami ya lalace.

Duk da haka, mai nema yana tare da samu. Fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, an daɗe ana zaton ya ɓata. A 2016 Didi Cheeka da abokan aikinsa suka gano shi cikin tarin gwangwanayen fim a tsohon ginin Colonial Film Unit a Legas. Cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018.

Sai dai samun fim rabin aiki ne. Yawancin guntayen nan ba abin da aka rubuta a kansu face "Kano". Wane titi ne? Kasuwar Sabon Gari ce ko Kurmi? Alal misali, mai shirya fim kan rikicin Kano na Mayun 1953, wanda ya fi ƙamari tsakanin Fagge da Sabon Gari, idan ya ɗauko hoton wani taro daban ya liƙa, ya shuka ƙarya a kan maganar da ta ci rayuka, kuma 'yan baya za su ɗauke ta hujja.

To, a nan ne mu marubuta muke da abin yi. Ma'aikacin taska a Landan ko Jos ba zai gane kantin wane ko masallacin wace unguwa ba, amma dattawanmu za su gane, ga shi kuwa kullum raguwa suke yi. Mu kai musu waɗannan hotuna a wayoyinmu, mu tambaye su, mu rubuta sunan wuri da shekara da wanda ya faɗa mana. Da tsohuwar zuma ake magani, amma sai an san tukunyar da take ciki.